Masu Aron Koren Littafinka

Matamaye, Laraba da hantsi.

Malam,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Allah ya sa kana cikin rahama, ya haskaka makwancinka. Na san wannan takarda ba inda za ta. Ba direban da zan ba a tasha ya kai maka, kai kuma ba za ka ɗora tabarau a karan hanci ka karanta ta ba. Amma kai ka tura ni ajin yaƙi da jahilci da goyo a bayana, sai ka yi haƙuri da abin da ka jawo. Yau zama ya gagare ni. Na share tsakar gida, na koma na sake sharewa, na ɗora tukunya na manta ban hura wuta ba. Shi ne na ce bari in zauna in gaya maka, ko zuciyata ta ɗan kwanta.

Gida lafiya lau. Damina ta yi kyau bana, raken lambu ya yi kauri har motocin Damagaram na zuwa ɗauka. Katangar bayan gida da ka yi ta cewa za ka gyara ta gaji da jiranka ta kwanta, mun ja zana a wurin. Hadiza ta haihu, namiji, an sa masa sunanka. Ka ga ka ƙara mini aiki, da mutum ɗaya ne ba na iya faɗar sunansa, yanzu sun zama biyu. Abokinka Mushe Lawali, tsohon malamin boko, idonsa ya yi rauni sosai, amma bakin yana nan yadda ka bar shi.

Ba don wannan na ɗauki alƙalami ba. Maganar littattafanka ce, da maganar ɗanmu Habibu.

Ranar rabon gado kowa ya miƙa hannu ga abin da ya ga yana da amfani. Da aka zo kan kantar littattafai sai kowa ya tsaya yana kallon ɗan'uwansa. A ƙarshe aka ce a bar mini su tunda ni na saba da ƙurarsu. Suna nan a inda ka jera su, tarihin sarautu, tarihin zuwan Nasara, na zamanin gyaɗa, na 'yancin mata wanda kake ɓoyewa in surukanka sun zo. Ina fitar da su rana saboda gara. Ban taɓa gaya maka ba, amma kana da rai haushinsu nake ji. Sau nawa tuwo ya huce a gabanka kana cewa bari in kai ƙarshen wannan shafin? Yanzu ni ce mai kakkaɓe su da gefen zanena.

Ka tuna mai koren bangon nan, mai kauri, wanda wani malamin jami'a ya rubuta da faransanci kan bauta a ƙasarmu? Yadda ake kama mutane a kai su kasuwa, yadda aka hana, yadda wasu da aka 'yanta suka ƙi zama a ƙarƙashin iyayen gidansu suka shiga daji suka sari gona suka haƙa rijiya suka kafa garuruwansu. Shi ka fi so. Bayan la'asar kakan zauna a zaure ku ɗora shayi, kana karantawa kana juyawa da Hausa, gardama ta tashi har a ji ku a bakin titi. Ni ina ciki ina tsintar shinkafa ina jin komai. Ina jin yadda kake buga gwiwa kana cewa wanda ya saya shi ya kamata ya sunkuyar da kai, ba wanda aka sayar ba.

To bayan na fita takaba sai mutane suka fara zuwa aron wannan littafin. Na farko wani dattijo ne daga kartiye, unguwar nan ta bayan kasuwa, ya yi mini gaisuwa ya yi maka addu'a, sannan ya ce ko koren littafin Malam yana kusa. Na ba shi da hannu biyu. Bayan shi wani ya zo, sai wata. Har daga Kance mutum yakan hau babur ya zo musamman. Malam, in ka ga yadda kaina ya kumbura! Na ce ashe duk surutun nan na zaure bai tafi a banza ba, ashe sai da ka tafi maganarka ta fara shiga kunne. Har na riƙa gaya wa mata a gidan suna cewa wannan sadaka ce mai gudana, duk wanda ya karanta ladan yana iske ka.

Akwai abin da ya kamata ya tsayar da ni. Littafin da ka yi watanni kana fama da shi, a karɓa da safe a dawo da shi kafin azahar. Kuma rabin masu zuwa ko ƙofar lakwal, makarantar boko, ba su taɓa takawa ba, ina suka samu faransanci? Na yi wannan tunanin, sai na ce wa kaina ai suna da 'ya'ya masu karanta musu. Bayanin ya yi mini daɗi, na riƙe shi.

Maƙwabciyarmu Hajiya Delu ce ta buɗe mini ido, kuma ba da niyya ba. Ta dawo mini da littafin a naɗe cikin ɗankwali, fuskarta wasai, tana ta sa maka albarka. Ta ce wai Allah ne ya taimake su da littafin Malam, saura ƙiris su kai goron neman auren ɗan ƙanenta wani gida, sai aka duba aka ga sunan garin mutanen a ciki, ashe bayi ne. Ta faɗi haka tana gyara mayafi, kamar mai ba da labarin ta tsallake kwata. Ban san me na ce mata ba. Na dai san na raka ta ƙofa.

Na dawo na ɗora littafin a cinya, ya buɗe da kansa a wuri ɗaya. Sauran shafukan fes suke, yadda ka bar su, da ɗan jan alƙalaminka a gefe. Wannan kuwa ya yi baƙi ƙirin da yatsu, ga maiƙo, ga jan goro inda wani ya lasa yatsa ya juya. Wurin da marubucin ya ambaci garuruwan da 'yantattun suka kafa ne, da sunayen waɗanda suka fara sarar daji. Suna ba ya bukatar faransanci. Duk wanda ya iya haɗa baƙi da wasali zai gane sunan gari.

Ka san al'adarmu. Kafin a kai goro sai an yi binciken asali, a tura dattijo ya je ya zauna a gindin bishiya ya yi ta kewaye-kewaye, ko akwai hauka a gidan, ko sata, ko bauta. Da can aiki ne mai wuya, kuma tsofaffin da suka san tushen kowa suna ta ƙarewa, waɗanda suka rage wasu sukan rufa asiri su ce ba su sani ba. Har abin ya fara mutuwa da kansa. Sai ga littafi a zauren Malam, an buga shi da inji, ba ya mantuwa, ba ya jin nauyin kowa. Marubucin nan ya rubuta sunayen ne don a san jarumtarsu, mu kuma muka mai da shi dattijon bincike. Kuma ni ce mai miƙawa, da hannu biyu, har da murmushi.

Aure nawa ya lalace ta hannuna? Ban sani ba, ba kuma wanda zai zo ya gaya mini. In na ga budurwa ta wuce da tulu sai in ce ko ita ce. Kai da kake karanta musu kullum, ba ka taɓa lura da inda kunnuwansu ke tashi ba? Ko ka lura ka yi shiru?

Daga ranar na daina ba da aro. Na so in cusa shi a murhu, har na ɗauko shi na tsaya a kan wuta. Na kasa. Laifin me ya yi? Sai na kafa doka: duk mai son koren littafi ya zo ya zauna a zaure, Mushe Lawali ya sa a karanto masa yana juyawa da Hausa tun daga farko har ƙarshe, kafin a kai ga shafin da ya zo nema. Tun da na faɗi haka ƙafa ta ɗauke. Ashe ba a taɓa samun mai son tarihi ba a cikinsu.

Sai dai na makara, domin cikin waɗanda suka riga suka ara har da ƙanenka Alhaji Idi.

Ka tuna Zuwaira, yarinyar nan mai aikin jinya a likita da take zuwa gida tana yi maka allura a ciwonka na ƙarshe? Wadda kake tsokana kana cewa hannunta ya fi na kowa sauƙi amma bakinta ya fi allurar zafi, don ta hana ka gishiri? To ashe autanka Habibu da yake tsayawa yana riƙe mata kwano ba tausayinka kaɗai ya tsayar da shi ba. Sun daidaita. Yaron ya natsu, gyaran injin ban ruwa yana tafiya, masu lambu har daga Kurni suke kiransa. Ya same ni ya sunkuyar da kai ya faɗa mini, na yi murna, na tura shi wurin Alhaji Idi tunda shi ne uba yanzu. Alhaji ya tambayi garinsu. Garin yana can wajen Yauri. Ba zan rubuta sunansa a nan ba, rubutun da aka yi masa ya isa.

Alhaji Idi ya zo har tsakar gida ya ce shi ba zai ɗauki goro zuwa wannan garin ba, ko da za a yanka shi. Ya ce ba ƙiyayya ba ce, yarinyar mutuniyar kirki ce, amma zuri'a amana ce, gobe 'ya'yanta ne za a yi wa gori. Ya ce kuma ba shi ya faɗa ba, yana rubuce a littafin Yaya. Ya rantse da kana da rai ba za ka yarda ba, wai maganar zaure daban, maganar gida daban. Habibu kuma ya rantse da kana da rai da kanka za ka ɗauki goron. Sai dukansu suka juyo suna kallona, wai ni na zauna da kai, ni na san cikinka, in faɗi abin da za ka ce.

Me za ka ce, Malam? Wallahi tambayarka nake yi.

Na so in buɗe baki in ce za ka yarda. Sai na tuna auren Hadiza. Alhaji Idin nan ne ya je ya yi bincike, ya dawo yana washe baki ya ce 'ya'yan gida ne tun kaka da kakanni. Ina kallonka. Ba ka ce masa wa ya aike ka ba. Ka ce alhamdulillahi, ka ci gaba da shan furarka. Alhamdulillahin me ka yi? Don an samu mutanen kirki, ko don ba a kai ka inda za a gwada ka ba? Ban tambaye ka ba a ranar, na ɗauka akwai lokaci. Ka yi shekaru kana buga gwiwa a zaure, ba a taɓa kawo maka jarrabawar har cikin gida ba. Sai da ka kwanta aka kawo ta, aka miƙa wa matar da take tsintar shinkafa a bayan bango. Ina jin haushinka a kan wannan, kuma gara in faɗa maka.

Ni ma ba zan wanke kaina ba. Da na ji sunan garin, kafin hankalina ya yi magana gabana ya faɗi. Abin da uwata ta zuba mini tun ina yarinya yana nan a kwance, duk karatunka bai kwashe shi ba. Na ji kunyar kaina. Yarinyar da ta durƙusa ta goge maka baki lokacin da 'yan'uwanka ke tsaye a ƙofa suna toshe hanci!

Na ce musu ban san abin da za ka ce ba, kuma ba zan yi wa mamaci ƙarya ba. Amma ni na yarda. Na ce wa Alhaji in ba zai je ba, yayana na Kurni zai je. Ya ce in na yi haka na raba zumunci. Ya kaɗe riga ya fita, har yau bai sake taka gidan ba. Matarsa ta daina amsa gaisuwata a bakin famfo.

Na ɗauka a nan wahalar ta ƙare. Na zauna ina jin kaina wata babba, wai mun yi wa mutane alfarma. Sai Habibu ya shigo mini wata yamma ya zauna a kan turmi. Da ƙyar na ciro maganar daga bakinsa. Mahaifin Zuwaira ya aiko cewa kada a kawo goro. Su ma sun yi nasu binciken. An gaya musu gidanmu ne gidan da littafin yake fita. 'Yar wan mahaifin nata, an riga an sa mata rana, an fara tara kayan ɗaki, dangin mijin suka janye ba tare da sun faɗi dalili ba, daga baya aka ji daga zauren wa dalilin ya fito.

Ka ji, Malam? Duk tsawon wannan rigima ba wanda ya taɓa tunanin mu ma abin a bincika ne. Ni ban yi ba, Alhaji bai yi ba. Muna ta gardama ko za mu karɓa, ba mu tambayi ko za a ba mu ba.

Habibu ya rame. Yana fita aiki yana dawowa, yana cin abinci don kada in yi magana. Bai taɓa ce mini ke kika jawo ba, kuma da ya faɗa da ya fi mini sauƙi.

Shekaranjiya na yafa mayafi na hau motar kasuwa na tafi garin ni kaɗai. Na san mace ba ta zuwa neman aure. Ban je nema ba, ban haƙuri na je. Gari ne kamar kowane gari, rumbuna cike, masallaci da sabon fenti, rijiyar tana tsakiya mata na ja. Na tsaya ina kallonta har wata ta tambaye ni ko ɓata na yi.

Uwar Zuwaira ta shimfiɗa mini tabarma ta kawo ruwa, ta gaishe ni gaisuwa cikakkiya, irin wadda ba ka iya samun inda za ka sa ƙafa a cikinta. Na faɗi abin da ya kawo ni. Ban ce ban sani ba, ko da yake ban sani ɗin ba. Na ce daga hannuna ya fita, kuma na zo in ji duk abin da za a faɗa mini. Ta aika aka kira maigidan. Ya tsaya daga bakin ƙofa, dattijo siriri da hular saƙi, bai ɗaga murya ba.

Ya ce shi bai ƙi littafin ba. Ya ce an taɓa karanta masa wurin, sunan kakansa ne a ciki, kuma duk duniya nan ne kaɗai aka rubuta cewa mutumin ya tashi da ƙafarsa ya haƙa rijiya da hannunsa. Ya ce ba ya jin kunyar kakansa, kuma bai haifi 'yar da za ta je wani gida ta koyi jin kunyarsa ba. Ya ce Habibu yaron kirki ne, amma aure ba da yaro kaɗai ake yi ba. Ranar suna, ko ranar da aka yi saɓani a kan abin da bai kai ya kawo ba, wata gwaggo za ta jefa kalmar nan a tsakar gida. Ya ce a ranar wa zai tashi ya tsaya wa 'yarsa? Ya ji labarin Malam mai faɗa a zaure, to Malam ya rasu.

Na ce ni.

Ya dube ni ya daɗe. Ya ce magana a cikin ɗaki tsakanin mutum uku ba ta da wuya. In da gaske nake, ranar da maza za su kawo goro in zo tare da su, in faɗa a gaban nasa dangin da namu, a ji da kunne, yadda gobe ba wanda zai ce bai ji ba. In na yi haka zai karɓi goro. In ban iya ba, ba zai riƙe ni da komai ba, kowa ya zauna inda yake.

Gobe Alhamis ne za a je. Yayana ya iso tun jiya, yana ta gunaguni wai bai taɓa ganin inda mace ta bi 'yan kai goro ba, za a yi da mu a gari. Za a yi ɗin. Mushe Lawali ya ce ko a makance sai ya je. Na aika wa Alhaji Idi, bai ba da amsa ba. Na wanke farin mayafina yana kan igiya. Ni da ban taɓa ɗaga murya a gaban maza ba, ni da in baƙi suka zo wurinka sai in ajiye ruwa a bakin zaure in juya. Tun safe nake jera maganar a raina tana rushewa. Ina tsoron in buɗe baki murya ta ƙi fita, Habibu yana tsaye yana kallona.

Na fara wannan takarda ne da niyyar in roƙe ka ka ara mini bakinka. Yanzu da na kawo nan na ga ba zai yiwu ba. In na ce Malam ya ce, Alhaji zai ce Malam bai ce ba, kuma ba mai tashe ka ka raba mu. Mutumin can ma ba maganarka ya nema ba. Wanda zai kasance a tsakar gida ranar da za a jefa kalmar yake nema, kuma ni ce zan kasance a wurin.

Ina kewarka, Malam, fiye da yadda na taɓa nuna maka kana da rai. Ina fata da kana nan za ka yarda. Amma ko ba za ka yarda ba, gobe zan je.

Sai mun iso. Allah ya gafarta maka, ya sa mu ma mu cika da kyau.

Ni ce matarka,
Uwar su Hadiza.